Kalandar Duniya Mai Wata Biyu

Damagaram, daren Alhamis, daminar 1959

"Yaya, kafin a yi shuka zan buga miki labarinki a keken rubutun biro." Haka Mushe Abdu, ƙanen mijina, ya ce; Mushe laƙabinsu ne na ma'aikatan Faransawa, biro kuma ofishinsu. Ga gero ya kai gwiwa, takarduna suna can kan teburinsa.

Yau na tare shi a zaure. Wai abokan aikinsa sun yi ta dariya: duniya mai wata biyu, da wanne za a ɗauki azumi? Na ce, "Mushe, ashe ba ku kai shafi na uku ba." A duniyar da na ƙaga ba a duban jinjirin wata. Daren da Jan Wata ya shige bayan Farin Wata shekara ke kamawa, kuma kowane wata yana cin sunan rijiyar da ke cika a cikinsa. Azuminsu a watan Rijiyar Gishiri yake. Shekara biyu ina jera tsakuwa a tsakar gida kafin lissafin ya zauna. Da ya ji wannan bayani, sai murza hula yake ta yi. Wallahi na ji daɗi!

Na ba shi zuwa Litinin. In bai buga ba, zan shiga biron da ƙafata, in karanta wa masu dariyar shafi na ukun da ƙarfi, in kwashe takarduna.