Salar da Aka Yanke wa Baba

Yaya,

Gaisuwa mai yawa, da fatan kina lafiya, ke da maigidanki da yara. Ya jikin autarki? Allah ya ƙara sauƙi.

Raina a ɓace nake rubutun nan. Na'urar da kika yarda aka liƙa wa Baba a bayan kunne, kin san aikinta kuwa? Ni na sani, don na ari littafin masu ilimin tsaga lokaci na karance shi tas a shago, ina gyaran fankokin mutane. Wai rayuwar kowane mai rai sala-sala ce: akwai salar da zuciya ke kwance, akwai wadda take dukan uku-uku. Da ta fara duka, na'urar sai ta yanke wannan salar. Mutum na nan ido buɗe, amma ba ya ciki. Ciwo ya zo ya wuce bai sani ba.

To madalla. Amma ciwo ne kaɗai ke tayar da zuciya? Kin san ni da Baba, ko sallama na yi sai jininsa ya hau. Kullum ina asibitin, in goge masa jiki, in juya shi, in gyara matashi. Da ya ga fuskata an yanke ni. Jiya mai jinyar ɗakin ta ce ya tambaye ta ko ɗansa ya mutu ne, da bai taɓa leƙo shi ba.

Na sami likita. Bai musa ba, ya ce ke ce babba, sai da izininki za a cire. Jikin na ja baya, Yaya. Ba zan yarda ya tafi yana ganin na yar da shi ba. Ki kira su.

Ƙaninki,
Sarkin Tsiwa

Yaya,

Ina gaisuwa, a gaida yara. Saƙonki ya iso, na ga duk sunayen da kika kira ni. Har marar imanin na karɓa. Na gode da kika kira asibitin duk da haka.

Da safe aka cire na'urar. Ban taɓa jin nishi irin wannan daga bakin Baba ba, ya damƙi ƙarfen gado har gadon na rawa. Saura ƙiris in ce a mayar. Sai ya juyo ya gan ni. Ya wanke ni tas, wai sai yau na ga damar zuwa. Mai jinya ce ta warware masa.

Likita ya matso da na'urar, Baba ya ture hannunsa. Ya rantse ba za a mayar ba sai ya gan ki, don ashe ke ma duk zuwanki an yanke masa. Ke murna ce ke tayar masa da zuciya. Yanzu haka yana kwance ya cije leɓe, gumi na tsiyaya, idonsa a bakin ƙofa. Duk jinkirin da kika yi a jikinsa zai ji shi, babu mai rage masa.

Ki ajiye komai ki taho.

Naki har kullum,
Sarkin Tsiwa