'Yan Kara Sun Hana Mu Cin Tuwo

Daren Talata, Zango

Ni na jawo wa kaina. Don 'yata Nana ta riƙa barci da wuri na ƙirƙiro mata 'Yan Kara, wasu mutane masu tsawon yatsa da garinsu ke cikin totuwar karan dawa, su ne ke yayyafa raɓa kafin asuba. Har sarauniya na yi musu.

Yau da yamma Inna, uwar Malam, ta cusa kara a murhu, tuwo na kan wuta. Yarinyar nan ta juye buta a kan wutar tana kuka, wai ana ƙona mutane. Tuwo ya lalace, muka sha gari.

Inna ta ce, "Ke kika cika mata kai da aljanu." Ba aljanu ba ne, amma wa zan tsaya yi wa bayani? Malam ya ce in gaya mata gaskiya.

Na zaunar da ita na ce, "Nana, tatsuniya ce, babu su."

Ta matso ta raɗa mini, "Na gane, Umma. Don kada Inna ta same su ne."

Gobe sai na nemo gawayi.