Hannun Baba a Cikin Bidiyo

Laraba, 15 ga Janairu, 2025
An turo wani tsohon bidiyon yaƙin basasa a zauren malaman makarantarmu. Daƙiƙa arba'in, baƙi da fari. Wani soja yana kaɗa wa wata mace mai goyo hannu, Bature kuma yana bayani wai korar mayunwata yake yi. Na gane kunnuwan nan. Baba ne.

Juma'a, 17 ga Janairu
Duk Azare ta gani. Ni da nake koyar da tarihi, yau na ce a makaranta zazzaɓi nake yi. Ƙarya.
Baba yana kwance, shekara biyu ɓarin jikinsa a shanye, baki ba magana. Wa zan tambaya? Ina ba shi kunu ina kallon hannun.

Lahadi, 19 ga Janairu
Sabulu ya ƙare, na kasa fita. Shagon Tobenna ne a bakin layi, shi da ya taɓa gaya mini yunwar yaƙin ce ta tafi da kakarsa. Shekara goma sha ɗaya yana ce wa Baba "Babanmu". Da wane ido zan kalle shi?

Talata, 21 ga Janairu
Na kalla sau talatin. Kullum a wuri ɗaya yake yankewa. Na tsani Baturen nan, na tsani kaina da nake yarda da shi.

Alhamis, 23 ga Janairu
Kawu Yunusa ya zo daga Katagum dubiya. Na kashe sautin na nuna masa. Ya ce, "Ke Zinatu, duk bokonki? Tafin hannu ƙasa, yatsu na dawowa ƙirji, wannan ai yafito ta yake yi. A Turai ne yake nufin kora."
Wallahi haka ne. Haka Baba yake kiranmu tun muna yara.
Na ce, "To Kawu, kiran me?" Ya ce shi ba ya wurin.
Abinci? Wani abu daban? Bidiyon bai kai can ba.

Asabar, 25 ga Janairu
Na fita, sabulu kawai. Na sunkuyar da kai zan wuce can gaba. Tobenna ya hango ni, ya ɗaga hannu, tafin hannun ƙasa, yatsu suna dawowa.
Ban san kiran me ba ne. Na je.