Ɗan Wasa Mai Lamba Tara

Gaya,
Ranar Litinin.

Zuwa ga aminina Alhaji Gwadabe, Toranke.

Assalamu alaikum wa rahmatullahi. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fata wannan takarda za ta same ka cikin ƙoshin lafiya, kai da Hajiya Hanne da sauran iyali. Yaya ƙafar taka? Yaya kuma ƙarin haƙurinmu? Na zaɓi rubutu ne domin kunnenka ya daina amfana da waya, ni kuwa ba zan tsaya a tsakar gida ina ɗaga murya da maganar cikin gida ba.

'Yarka Khaula tana lafiya, tana ci gaba da takabarta cikin natsuwa. Kamar yadda muka yi da kai, da zarar ta fita za ta dawo gabanka tare da jikarmu Rumaisa. Ban sauya magana ba. A kan Rumaisan ne nake rubuto maka.

Ka san ɗan abin wasan nan na hannu da mahaifinta ya bari, wanda yara ke kira gem. Sai bayan rasuwarsa na fahimci aikin da ya yi a kansa. Ya cire tsarin da kamfani ya sa wa na'urar, ya ɗora mata wani wanda masana abin suka gyara. Sannan ya kwafe wasanninsa daga faya-fayansu, ya matse kowanne ya ƙanƙance, ya jera su a ɗan katin memori, don kada yarinya ta riƙa fama da faifai tana karcewa. A cikin wasan ƙwallon ƙafa kuma ya haɗa ƙungiya tasa, ya sa wa 'yan wasan sunayen mutanen gida da na unguwa. Kai kana tsaron baya. Ni ya sa ni a raga, wai don babu abin da ke wuce ni. Shi kansa yana gaba da lamba tara. Tun da aka yi rasuwar, in Rumaisa ta dawo daga Islamiyya sai ta zauna a zaure kusa da kujerata ta kunna, ta yi ta miƙa wa mahaifinta ƙwallo. In ya ci ba ta ihu, sai dai ta ɗago na'urar ta nuna mini.

Na lura wasan yana jinkiri kafin ya buɗe, wani lokacin hoton ya ɗan tsaya. Daga baya aka gaya mini halin matsattsen wasa ke nan, ba lalacewa ba ce. Ni kuwa na ɗauka illar kwafi ce. Ka san ni, duk shekarun da na yi ina duba makarantu ban taɓa karɓar kwafi ba alhali ga asali. Na nemo faifan ƙwallo a durowar marigayi, na bari ta tafi makaranta, na sa shi. Na'urar ta fito da sanarwa da Turanci cewa tana bukatar sabuntawa. Na karanta sharuɗɗan daga farko har ƙarshe, ban ga abin ƙi ba, na amince.

Da ta gama sai ta koma tsarin kamfani, wanda bai san matsattsun wasanni ba. Duk suka ɓace daga allon. Faifan da na sa kuwa ashe na wata shekarar ne, ƙungiyarmu ba ta fitowa a cikinsa.

Rumaisa ba ta yi kuka a gabana ba. Amma yarinyar da ke kirana Tsoho Mai Jan Biro, take ɓoye mini tabarau, yau da safe durƙusawa ta yi ta gaishe ni kamar baƙo, ta tashi ta shige ɗakin uwarta.

Na kai na'urar wurin Tukur mai gyaran waya a bakin kasuwa, tsohon ɗalibina ne. Ya tabbatar mini wasannin suna nan kwance a katin, tsarin kawai za a mayar. Ka taya ni addu'a ƙungiyar ta dawo hannunta kafin su taso wurinka.

Uwargidana Hajiya Barira tana gaishe ku. A gaida maƙwabta.

Naka,
Abdulmumin Umara.

Gaya,
Ranar Asabar.

Aminina Alhaji Gwadabe,

Assalamu alaikum. Ina gaishe ka gaisuwar zumunci, tare da fatan kun tashi lafiya, kuma ruwan shekaranjiya bai kwantar muku da dawa ba. Saƙonka ya iso ta hannun mai babur, na gode da addu'a da kuma zumar.

Tukur ya dawo da na'urar da kansa, bai aiko ba. Ya cire takalmi a ƙofar zaure, ya durƙusa, fuskarsa cike da fara'a. Ya mayar da tsarin, babu inda ya gaza. Sai dai ya ce ba zai yi wa malaminsa aiki ya dawo da shi haka kawai ba, dole ya yi mini gyara kamar yadda mai awo ke ƙara wa mutumin kirki a kan mudu. Gyaran nasa shi ne ya ga wasannin da ke katin tsofaffi ne kuma sun cinye wuri, sai ya wanke katin tas, ya zuba sababbi masu yawa, ya matse su fiye da na da, har da wasan ƙwallo na baya-bayan nan. Duk abin da marigayi ya adana ya tafi tare da wankin.

Ban yi masa faɗa ba, domin ba ni da hujja. Ranar da na kai masa aikin na yi masa bayanin sanarwar da na gani, da maɓallin da na danna, da launin da allon ya koma, har sai da ya gaji da saurare. Ƙungiyar ce kawai ban ambata ba. Maganarta za ta kai ni ga maganar mai ita, shi kuwa ɗana ne na fari, ban saba zancensa a gaban mutane ba, balle a gaban yaron da na koyar. Da na yi masa bayani yanzu, Tukur ya zauna daɓas a ƙasa ya riƙe kai. Ya koma shago da katin ya gwada duk dabarar da ya sani, amma sababbin wasannin sun riga sun hau kan tsofaffin.

Na'urar tana cikin aljihun rigata tun jiya. Rumaisa ta san Tukur ya zo. Ba ta tambaye ni ba, amma na ga tana wucewa ta zaure babu dalili. Ya zo mini a rai in ce mata har yanzu tana wurin gyara, a tafi a haka. Ban taɓa yi wa yaro ƙarya ba, ban kuma ga yadda zan fara da marainiya ba.

Khaula za ta fita takaba Juma'a mai zuwa. Ba na roƙon a ɗaga tafiyar. Ka gaida Hajiya Hanne, Allah Ya ƙara mana haƙuri baki ɗaya.

Amininka,
Abdulmumin Umara.

Gaya,
Ranar Lahadi.

Aminina Alhaji Gwadabe,

Assalamu alaikum wa rahmatullahi wa barakatuhu. Ina fata kana lafiya, kai da iyali da dukan mutanen Toranke. Wannan takardar Khaula ce za ta miƙa maka hannu da hannu, domin motar da za ta kawo su tana ƙofar gida ana ɗora kaya.

Ranar Talata bayan la'asar na kira Rumaisa na gaya mata gaskiya, ban rage komai ba. Ta karɓi na'urar ta buɗe wasan ƙwallon, ta daɗe tana duban sunayen baƙin 'yan wasan da ke ciki. Sai ta shiga wani sashe da mahaifinta ya taɓa nuna mata, inda ake sauya suna da lamba, ta miƙo mini. Ta ce tunda ni na ɓata, ni zan gyara.

Haka muka zauna, tana faɗa ina rubutawa da waɗannan ƙananan maɓallan da ba a yi su don yatsun tsoho ba. Ba ta manta gurbin kowa ba. Ta mayar da kai tsaron baya, ta mayar da mai shayin unguwarmu gefen hagu. Ni kuwa ta cire ni daga raga ta sa Hajiya Barira, ta ce an riga an ci mu a hannuna, in zauna a benci. Ban yi musu ba.

Da muka zo lamba tara na tsaya. Na ce a rubuta Abba, tunda haka take kiransa. Ta ƙi, ta ce ba haka ya rubuta ba, sunansa ya sa. Na duba gidan nan, Alhaji, na rasa wanda zan miƙa wa na'urar. Khaula ba ta faɗin sunan mijinta. Hajiya Barira ba ta taɓa kama sunan ɗanta na fari ba. Yarinyar ba za ta kira ubanta da suna ba. Ni kuwa ko ranar da aka sa shi a firamare, mataimakina na tura ya rubuta shi a aji. Ashe a duk gidan shi kaɗai ne ke iya rubuta wannan sunan, kuma ya tafi.

Na rubuta. Da na gama ta ce in karanta a ji, kamar yadda nake sa ta karanta aikin gida kafin in sa hannu. Na karanta a fili. Khaula tana bayan labule, ban sani ba sai da na ji kukanta.

Ba ƙungiyarsa ba ce, kada ka zaci an gyara ɓarnar. Fuskar mai lamba taran ta wani ce, kofunan da suka ci tare sun tafi, ita ma ta sani. Duk da haka ta kunna, ta miƙa masa ƙwallo. Har yau ba ta ɗago ta nuna mini ba.

Ga amanar da zan ba ka. Na'urar tana son caji kullum, ka nema mata wurin mai sola. In wasa ya yi jinkiri a ƙyale shi, halinsa ne. In ta fito da sanarwar sabuntawa, kada kowa ya amince, ko da ya iya Turanci. In kuma yarinyar ta tambaye ka labarin mahaifinta, kai suruki ne, bakinka bai ɗaure kamar nawa ba. Ka ambace shi da sunansa, Zunnuraini, ta riƙa ji a bakin mutum.

Ana kira, direba ya gaji da jira. Allah Ya kai su lafiya, Ya jiƙan wanda ya riga mu, Ya bar zumunci tsakaninmu. Hajiya Barira tana gaishe ku, ba ta iya fitowa rakiya ba.

Amininka har kullum,
Abdulmumin Umara.