Ina Zargin Yayata Ce a Cikin Ɗakina

Anti, don Allah ki taimake ni da shawara kafin in yi abin da zan yi nadama.

Ni mai ɗinki ce, ina zaune da maigidana da mahaifiyata. Bara muka koma irin gidajen nan masu na'urar haɗa wuri, inda iyali biyu ke zama a ɗaki guda ba sa ganin juna. Injiniyan da ya kafa ta ya ce ilimin kwantam ne, wai ƙananan ƙwayoyin jikinmu da na kayanmu suna kan layi ɗaya, na maƙwabtan suna kan wani. Ban gane ba, na dai gyaɗa kai. Bango da taga da famfo namu ne mu da su, amma mutum zai iya zama daidai inda keken ɗinkina yake ban sani ba. Sai in wuta ta yi rauni ne layukan ke gogar juna kamar ƙiftawar ido.

Da farko ban damu ba. Sai na fara tarar da bakin famfo a ɗaure da tsumma, ƙulli biyu ta hagu. Mutum ɗaya na sani mai wannan ɗaurin a duniya: Yayata. Mun ɓata da ita bayan rasuwar Baba a kan wa zai riƙe Inna. Ta ce ba na kula da maganin tsohuwar, na ɗauko Inna na taho, ita kuma ta daina ɗaga wayata.

Ran nan da hantsi ina wanke kofi wuta ta yi ƙasa, sai ga hannu a cikin hannuna, da tabon ƙuna a wuyan hannun. Anti, ina wurin Yayata ta yi ƙunar nan muna yara. Na saki kofin ya fashe.

Ita kuma Inna, da ba ta son iska, yanzu kullum tana jikin taga tana magana ƙasa-ƙasa. In wuta ta yi rawa, kowa tsaki, ita murmushi. Na tambaye ta, ta ce ita da Ubangijinta take. Maigidana kuwa, shi ya samo gidan nan, cikin gaggawa, ko gani bai bari na yi ba. Da na tayar da zancen sai ya tuna yana da aiki a waje. Na je wurin mai ba da hayar gidan, ya ce doka ta hana shi faɗin sunan ɗan hayar ɗaya layin, yana faɗa yana kallon takalminsa.

Ba na iya canza kaya cikin natsuwa. Gani nake an haɗa baki a kaina, ana jiran wuta ta yi rauni a ja Inna zuwa can, in waiwayo in ga kujera babu kowa. Zuciyata na ce min in kashe na'urar da rana tsaka kowa ya bayyana, a yi ta ta ƙare. Ko ni ce na zautu?

'Yar'uwarki mai keken ɗinki

'Yar'uwa, ba ki zautu ba, amma kada ki taɓa na'urar nan. Ba ki san wa ke tsaye inda Inna ke zaune ba a lokacin da za ki kashe ta. Fushin yini ɗaya bai kai ran mutum biyu ba.

Ta yiwu Yayarki ce. Ni ma na karkata can, ko da yake ƙulli da tabo ba shaida ba ne. Kuma kina da gaskiya: in maigidanki ya shirya wannan a ɓoye, ya shiga haƙƙinki, ko da alheri ya nufa. Zaunar da shi bayan ya ci abinci, ki tambaye shi kai tsaye, tambaya ɗaya, ki yi shiru har ya amsa.

Amma duba ɗaya ɓangaren. Mai shirin sace tsohuwa ba ta gyara famfo. Wadda ta yarda ta zauna a inda za ta ga mahaifiyarta na ƙiftawar ido kawai, kewa ce ta kawo ta. A duk wasiƙarki kin faɗi abin da kike so da abin da Yayarki ta ce, ban ji inda aka tambayi Inna abin da take so ba. 'Ya'ya biyu ta haifa, kuma ba keken ɗinki ba ce da za a ce na wane ne.

Ki je gabanta ki ce, "Inna, kina son ganin Yaya?" In ta ce e, ki kai ta da kanki, a waje, inda kowa ke ganin kowa. Ba dole ku shirya ranar ba. Ki dai bari tsohuwar nan ta riƙe hannun 'yarta har ta gaji don kanta.

Allah ya sanyaya zuciyarki, ya ƙara wa Inna lafiya.