Bangon Zauren Baba

Dakar, 4 ga Janairu

Yaya Sa'adatu,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fatan kuna lafiya, ke da Inna da yara. Ya ƙafar Inna?

Albishirinki! Shekara goma sha ɗaya ina ɗaukar bokitin fenti a bayan wasu, yau an ba ni shugabancin dekor na fim guda. Ki sake gaya wa Inna ba fitowa nake a fim ba, ni ke shirya ɗaki da bango da duk abin da kamara za ta gani. Fim ɗin Faransanci ne, labarin wani masunci. Realizatar, wato mai ba da umarni, ya so a gina zaure na katako nan Dakar. Na nuna masa hoton zaurenmu, har wurin da bayan marigayi Baba ya goge bango yana gyaran taru. Da bakina na sa za a kwaso mutum talatin zuwa gida Madarumfa, a ɗauki fim ɗin a zauren. Don Allah kada a taɓa komai.

Ƙanenki,
Al'amin

Dakar, 20 ga Janairu

Yaya,

Bayan gaisuwa da fatan alheri, na ga hoton bangon zauren da kika turo. Siminti da shuɗin fenti! Wallahi sai da na zauna. Na san Inna, ba za ta yarda baƙi talatin su ga tsohon bango a ce ɗanta ya tafi duniya ya bar gida a lalace ba. Kada ki yi mata faɗa. In realizatar ya ga wannan shuɗin, aikina na farko ya zama na ƙarshe, amma tsofar da sabon abu ai sana'ata ce. Zan riga su da kwana biyar. Ki tanadar mini jar ƙasa, ƙaiƙayi, kunkunniya da man kaɗe.

Naki,
Al'amin

Yamai, 9 ga Fabrairu

Yaya Sa'adatu,

Ina gaishe ki, ya jikin jaririyar? Da ba ki tafi Gabi wajen 'yarki Farida da ta haihu ba, da kin sha dariya. Na yaɓe siminti da ƙasa, na shafa kunkunniya, sannan na sa tsohuwar rigar Baba na zauna ina goga baya a bango kamar akuya. Inna ta tsaya tana kallo. Can ta dafa kafaɗata ta karkato ni hagu, ta ce haka yake zama saboda ƙugunsa. Ban taɓa lura ba, kuma na ji kunya.

Realizatar ya shafa bangon da hannu, bai gane komai ba. Mun gama ɗauka lafiya. Ranar tafiya na ɗauko cebur zan kankare ƙasar in mayar mata da shuɗinta. Inna ta karɓe cebur ɗin, ta ce kada wanda ya sake taɓa wurin zaman mijinta.

Ki gaida kowa da kowa.

Ƙanenki,
Al'amin