Kyamarar da Ta Karkace

Litinin, 4 ga Maris
Ɗana Gitonga ya kafa min kyamarori kafin ya koma Dubai, wai saboda ɓarayi. Ɗan nan da kashe kuɗi. Ta bayan gida ta karkace, tsakar gidan maƙwabci take ɗauka. Zan sa a gyara.

Alhamis, 7 ga Maris
Ban sa an gyara ba. Rabin rayuwata a ɗakin tace finafinai na Nairobi na yi ta, in na ga fim ina gane shi. Wannan babu murya, ɗan wasa ɗaya: wani dattijo, Mzee Oluoch, a jikin ƙofarsa na karanta sunan. Da safe ya yi wa ganyensa ban ruwa, ya fito da shayi kofi biyu, ya sha ɗaya, ya juye ɗayan a gindin mangwaro.
Tun da na tare a unguwar nan ba wanda ya tsaya min a ƙofa ya ce "hodi", sallamar mutanen nan. Katanga, wayar lantarki, karnuka. Kaɗaici na damuna, na faɗa.

Talata, 12 ga Maris
Bai fito ba. Ƙofar kicin a buɗe, tiyo na ta zuba. Na daɗe da waya a hannu. In kira masu gadi in ce me? Tsohuwa da jikoki tana leƙen gidan namiji? Sai na hango ƙafa a bakin ƙofa. Na kira. Mai gadi ya ce, "Mama, ta ina kika gani?" Na ce ya bar surutu ya kawo tsani.

Laraba, 13 ga Maris
Ya rayu, hawan jini ne. Unguwa duk ta ji. Kunya kamar in nutse.

Asabar, 23 ga Maris
Ya dawo da sanda. Ya tsaya ya ƙura wa kyamarar ido. Babu sauti, amma daidaita baki da murya aikina ne. "Hodi" ya ce, ya ɗaga kofi na biyu. Na kashe allon.

Lahadi, 24 ga Maris
Na je gidansa. Shayinsa sukari ya yi yawa. Kofin na marigayiya matarsa ne. Ya ce, "Mama Gitonga, tun da aka kafa abin nan nake ban ruwa da rigar zuwa coci. Ba ki lura ba?" Na ce ni ba ruwana da rigar kowa. Shuɗiya ce, maɓalli ɗaya ya cire.
Yau ban kunna allon ba, mantuwa ce kawai. Ina ma na ajiye allura?